Mutumin da Ya Ƙirga Harafin R a Kantunan Niyok

A watan Nuwamban 1962 wani ɗalibin Jami'ar Columbia, magidanci mai shekara 34, ya riƙa shiga manyan kantuna uku na birnin Niyok yana tambayar inda ake sayar da kayan da shi kansa ya san inda suke. Sai ya tsayar da mai jiran kanti ya tambaye ta sashen takalman mata, ko wani sashe da ya riga ya tabbatar a hawa na huɗu yake, domin amsar da yake so ta fito daga bakinta kalma biyu ce ta Ingilishi, “fourth floor”. Da ta amsa sai ya karkato kunne kamar bai ji ba, ita kuma ta maimaita a tsanake. Daga nan sai ya matsa inda ba ta ganinsa, ya rubuta ko sautin r ya fito a kowace kalma ko an haɗiye shi, a faɗar farko da ta biyu. Cikin kimanin awa shida da rabi ya yi wa ma'aikata 264 wannan tambaya, babu wanda ya san an ɗauki wani abu daga bakinsa. Sunan ɗalibin William Labov, kuma wannan yawon kanti yana cikin tubalan da aka gina fannin da jami'o'inmu ke kira ilimin walwalar harshe, wato nazarin yadda magana ke tafiya da zaman jama'a.

Abin da Labov ya shafe shekara sittin yana kafawa ba shi da wuyar faɗa. Idan muka ce lafazin wani ya lalace, ko maganarsa ta ƙauye ce, mutumin muke yi wa hukunci, da unguwarsu da sana'arsa da launin fatarsa, sai mu jingina hukuncin da nahawu don ya yi kama da ilimi. Mutanen kirki sun sha faɗin haka tun kafin a haife shi, amma don tausayi suke faɗa, tausayi kuwa ba ya cin gardama. Abin da shi ya ƙaro shi ne ƙirge. Ya nuna cewa bambancin furuci, wanda ake ɗauka sakaci ne ko ragwancin baki, yana bin tsari daram, har ana iya zana shi a jadawali, kuma tsarin yana bin layukan da suka raba jama'a. A ganina nan ƙarfin aikinsa yake, nan kuma ya tsaya, domin lissafi na iya rushe hujjar mai raini ya bar rainin a tsaye.

An haife shi ranar 4 ga Disamba 1927 a jihar New Jersey, ya kuma tashi a Rutherford. Ya gama Jami'ar Harvard a 1948, inda ya karanta Ingilishi da falsafa, sannan ya shafe fiye da shekara goma yana aikin sinadarai, yana haɗa tawadar ɗab'i a kamfanin gidansu. Shi da kansa ya ce wannan sana'a ce ta koya masa cewa duniya na iya ƙaryata mutum: in tawada ta ƙi kama, ko ta ɓare bayan ta sha rana, to mai haɗa ta ya yi kuskure, komai daɗin bakinsa. Da ya koma makaranta a 1961, ƙarƙashin Uriel Weinreich a Columbia, sai ya tarar manyan masana harshe suna zaune a ofis suna ƙago jimloli daga kansu, suna tambayar zukatansu ko jimlar ta zauna daidai. Tafarkin da Noam Chomsky ke jagoranta a lokacin ya ɗora nazarinsa a kan wani mai magana na misali, wanda ke cikin al'ummar da kowa ke magana iri ɗaya. In mutum ya furta kalma yau haka gobe haka, sai a ce bambanci ne na ganin dama, a share shi gefe kamar dusa. Labov ya ɗauki rikoda ya nufi inda aka tara dusar.

Zangonsa na farko tsibirin Martha's Vineyard ne, a gaɓar jihar Massachusetts, inda mazaunan dindindin kusan 6,000 ke karɓar baƙi masu hutu kusan 42,000 a lokacin zafi. Ya lura wasu 'yan tsibirin suna furta tagwan wasalin da ke cikin kalmomi irin su “right” da “house” da baki a ɗan rufe, saɓanin yadda baƙin ke yi, kuma bayanan da wasu masana suka tattara a tsibirin a shekarun 1930 sun nuna abin bai kai haka ƙarfi ba a da. Ya yi hira da mutum 69, sai ya ga furucin ya fi ƙarfi a bakin masuntan yankin Chilmark da kuma 'yan shekara 31 zuwa 45, wato waɗanda suka fi jin ƙuncin yadda masu kuɗi daga waje ke saye ƙasar kakanninsu. Hatta a cikin 'yan sakandare, yaran da suka ƙudurta zama a tsibirin sun fi rufe bakin nan fiye da masu shirin tafiya birni neman aiki. Ba wanda ya san yana yi. Kowane tsuntsu kukan gidansu yake yi, wannan tsohon sani ne; sabon abin shi ne tsuntsu yana ƙara wa kukan ƙarfi idan ya ga baƙo na neman gaje sheƙar. Binciken ya kuma karya wata tsohuwar aƙida da ke cewa ba a iya ganin sauyin sauti yayin da yake aukuwa, sai dai bayan ƙarni a waiwayo. Labov ya jera maganar tsoho da ta magidanci da ta saurayi, sauyin ya bayyana a fili.

Kantunan ukun da ya zaɓa a Niyok kowa ya san matsayinsu: Saks Fifth Avenue na masu hannu da shuni, Macy's na matsakaita, S. Klein kuwa na masu neman araha. A Saks kashi 62 cikin ɗari na ma'aikatan sun furta r, ko a duk wuraren ko a wasu. A Macy's kashi 51. A Klein kusan kashi 20 kacal. Abin lura, ma'aikatan duk sana'arsu ɗaya, kuma albashinsu bai bi jerin darajar kantunan ba. Darajar masu sayayya suka aro, suka sa a bakinsu. A cikin Macy's kanta, masu kula da sashe sun fi masu sayarwa furta r, su kuma sun fi masu jido kaya daga sito. Ma'aikatan Macy's ɗin ne kuma suka fi ƙara r idan aka sa su maimaita, alamar sun san wane furuci ake yabo, ko da yake ba shi ke fara zuwa bakinsu ba.

Mai karatu na iya cewa, to ai r ɗin tana cikin rubutun kalmar, mai furta ta shi ya yi daidai. Wannan hujja ba ta iya ƙetare teku. A Ingila, haɗiye r bayan wasali shi ne lafazin fada da na tsofaffin masu karanta labarai a BBC, mai furta ta kuwa ana yi masa kallon manomin kudu maso yamma. A Niyok ma kafin Yaƙin Duniya na Biyu haɗiye ta ne ado, Shugaba Franklin Roosevelt, ɗan babban gida a jihar, haka yake magana. Bayan yaƙin ne abin ya juye. Mu ma muna ɗauke da shaidar a bakinmu: mota da kati da kafinta da lauya duk akwai r a rubutun asalinsu na Ingilishi, amma daga bakin Turawan Birtaniya muka karɓe su, su kuwa sun riga sun haɗiye ta. Sauti ɗaya, a wannan gari ado, a wancan abin kunya. Babu wani abu a jikin sautin da zai bayyana haka, sai an dubi wanda ke furta shi.

An soki binciken kantunan, kuma sukar tana da tushe. Kunnen mutum ɗaya ne ya yi hukunci, babu rikoda, kalma biyu ce kawai, shekarun ma'aikatan ma da ido ya ƙiyasta su, sannan ba a nemi yardar kowa ba. Amsar ita ce yawon kanti gwaji ne kawai. Ainihin aikin digirinsa na uku, wanda aka buga a 1966, ya yi shi ne a unguwar Lower East Side, inda ya zauna da mutane a gidajensu yana naɗar doguwar hira. Kowane mutum ya ji shi a yanayi daban-daban, daga hira ta sakin jiki, zuwa amsa tambaya, zuwa karanta labari, zuwa karanta jerin kalmomi ɗaya bayan ɗaya. Sakamakon ya dace da na kantuna, ya kuma tono wani abu mai ban tausayi. Kowane rukuni na ƙara r gwargwadon yadda yake sa hankali ga maganarsa, amma masu matsakaicin hali na ƙasa-ƙasa, irin su akawu da ƙananan ma'aikatan ofis, idan aka ba su jerin kalmomi sai su zarce na sama da su wajen furta ta. Sun fi mai kora shafawa. Da yawa daga cikin mutanen da ya yi hira da su sun tsani lafazin garinsu, suna kuma iƙirarin suna furta r fiye da yadda rikoda ta kama. Wato mutanen birni guda, duk da bambancin bakinsu, sun haɗu a kan ma'auni ɗaya, kuma ma'aunin ya kayar da mafi yawansu.

A nan ne ya ci karo da matsalar da har yau kowane ɗalibin fannin ke fama da ita. Abin da manazarci ke nema shi ne yadda mutum ke magana idan ba a sa masa ido ba, amma ba yadda za a yi ya samu sai ya sa masa ido. Duk wanda ya ga yadda muryar mutum ke sauyawa da zarar an miƙa masa makirufo ya san zancen. Dabarar Labov mafi shahara ita ce ya tambayi mutum ko ya taɓa shiga halin da ya ga mutuwa ƙuru-ƙuru. Mai ba da irin wannan labari yakan manta da rikoda, ya koma cikin abin da ya faru, harshen da ya tashi da shi ya dawo. Daga waɗannan labarai ne shi da Joshua Waletzky suka fitar da nazarin 1967 a kan yadda talaka ke gina labarin bakinsa, daga shimfiɗa zuwa ƙulli zuwa warwara, da wuraren da yake tsayawa ya nuna dalilin da ya sa labarin ya cancanci a saurara.

Inda aikin ya fi yin nauyi shi ne Harlem, unguwar baƙaƙen fata, tsakanin 1965 da 1968. A lokacin wasu masana halayyar ɗan Adam, irin su Carl Bereiter da Siegfried Engelmann, suna koyar da cewa yaran baƙaƙe matalauta na zuwa makaranta kusan ba su da harshe, maganarsu tarkace ce marar ma'ana, shi ya sa suke faɗuwa. Hujjarsu gwaje-gwaje ce inda babban mutum baƙo zai zaunar da yaro a ɗaki, ya ajiye masa abin wasa ya ce ya yi bayani, yaron ya amsa da kalma ɗaya ko ya yi shiru. Labov ya yi aiki da abokan bincike baƙaƙe, Clarence Robins da John Lewis, waɗanda suka san unguwar. Robins ya yi hira da wani yaro ɗan shekara takwas, yaron ya ƙi sakin baki duk da cewa mai tambayar ɗan unguwa ne. Sai aka sake zama: Robins ya zauna a ƙasa, ya kawo soyayyen dankali, ya gayyato babban abokin yaron, ya jefo zancen da yara ba sa yi a gaban manya. Yaron da aka ce ba shi da harshe ya riƙa katse abokinsa don ya samu ya yi magana. Gwajin farko tsoro ya auna. Duk wanda ya tashi inda yaro ba ya haɗa ido da babba zai gane kuskuren nan take, amma a Amurka sai da aka rubuta maƙala a kai, wadda Labov ya gabatar a 1969, kafin wasu su yarda.

Bai tsaya ga labarin yaro ɗaya ba, domin labari ɗaya ana iya ture shi da wani. Ya ɗauki abin da aka fi yi wa Ingilishin baƙaƙe gori a kai, wato zubar da kalmar “is” a jimla kamar “she nice”, ya ƙirga dubban misalai daga maganar samarin unguwar. Sai ga doka ta fito: inda daidaitaccen Ingilishi ya yarda a gajarce kalmar, kamar “she's nice”, nan ne samarin ke iya zubar da ita, inda ba a gajarce ta, kamar ƙarshen jimla, su ma ba sa taɓa zubarwa. Yawan zubarwar kuma yana hawa yana sauka gwargwadon irin kalmar da ta gabata da wadda ta biyo. Mai sakaci ba ya kiyaye doka mai laushi haka. Wanda ya karanta nahawun Larabci ya san mubtada'i da habari na zama jimla cikakkiya ba tare da wata kalma a tsakani ba, Rashanci ma haka yake, kuma ba a taɓa cewa Larabawa ko Rashawa sun rasa tunani saboda wannan ba.

Bahaushe ba baƙo ba ne a wannan fage. Kalmar da muke kiran gurɓatacciyar magana da ita, gwaranci, daga sunan wata al'umma muka ciro ta, wanda ya isa ya nuna ko harshe muke aunawa ko mutane. A tsakaninmu ma, yaron da ya rubuta “zamna” ko “sabka” a jarrabawa za a ja masa jan biro, a gyara zuwa “zauna” da “sauka”. Amma masana tarihin Hausa, tun daga Bajamushe August Klingenheben a shekarun 1920, sun nuna siffofin yamma su ne na asali, Kananci ne ya sauya baƙin ƙarshen gaɓa ya koma wasali. Ashe abin da aka mayar ma'auni shi ne wanda ya kauce daga tsohuwar hanya. Kananci ya zama ginshiƙin daidaitacciyar Hausa ne saboda girman Kano da kasuwarta da zaɓin masu ɗab'i na zamanin Turawa, har jaridar Gaskiya Ta Fi Kwabo da aka fara bugawa a 1939 ta ƙara kafa shi. A ƙarni na 19, lokacin da alƙalami da mulki ke Sakkwato, Hausar yamma ce ta cika waƙoƙin malamai na ajami. Yau ma ba mai raina ta a bakin Narambaɗa ko Ɗanƙwairo. Sai ta fito daga bakin ɗan ci-rani a tasha take zama abin dariya.

Suka mafi ƙarfi da ake yi wa masu wannan ra'ayi ita ce: in duk karin harshe daidai yake, me ya sa za a wahalar da yaro da daidaitacce? Kuma ashe ba cutar ɗan talaka za a yi ba, a ce masa maganarsa ta isa, alhali mai ɗaukar aiki ba zai yarda ba? Tambayar tana da nauyi, kuma iyaye baƙaƙe da yawa a Amurka su ne kan gaba wajen yin ta. Sai dai Labov bai taɓa cewa a daina koyar da daidaitaccen Ingilishi ba. Cewa ya yi malamin da ya ɗauka yaro ba shi da harshe ba zai iya koya masa na biyu ba, domin bai san daga inda zai taso da shi ba. In yaro ya karanta kalma daidai amma da lafazin gidansu, malami ya ce ya yi kuskure, yaron zai rasa gane me ake nema a wurinsa, tunda ya gane rubutun sarai. A kan haka aka yi shari'ar Ann Arbor a jihar Michigan a 1979, inda iyayen wasu yara baƙaƙe suka kai hukumar makarantu ƙara. Labov na cikin masanan da suka ba da shaida, alƙali Charles Joiner kuma ya umarci hukumar ta horar da malamai su san harshen gidan yaran, su yi la'akari da shi wajen koyar da karatu. Da hukumar makarantun Oakland ta ɗauki mataki mai kama da wannan a Disamban 1996, sai ƙasar ta ɗauka da ihu da ba'a, aka ce za a koyar da yaren titi a aji. Labov ya je gaban wani kwamitin Majalisar Dattawa a Janairun 1997 ya sake bayanin da ya yi shekara kusan talatin da suka wuce, kamar ba a taɓa yin sa ba.

Akwai dai ranar da ƙirgen ya buɗe ƙofar kurkuku. A 1984 wani ya riƙa buga waya ofishin kamfanin jiragen Pan Am a Los Angeles yana barazanar tayar da bam. Aka kama wani ma'aikacin sashen kaya, mutumin Niyok, saboda wasu sun ce muryar ta yi kama da tasa. A kunnen mutanen California, duk lafazin gabashin ƙasar ɗaya ne, kamar yadda wanda ba ya jin Hausa ba zai raba Bakano da Basakkwace ba. Labov ya saurari faifan, ya auna wasulan da na'ura, ya nuna wa kotu cewa mai barazanar yana furta wasalin “bomb” da na “off” iri ɗaya, halin mutanen yankin Boston, alhali ɗan Niyok yana raba su, kuma wanda ake tuhuma ya raba su a duk maganarsa. Alƙali ya sallame shi a 1985, bayan ya yi wata 15 a tsare. Amma wuƙar da ta yanke igiya tana iya yanka wuya. Wasu ƙasashen Turai suna amfani da nazarin lafazi don tantance ƙasar mai neman mafaka, har wasu masana harshe suka fitar da ƙa'idoji a 2004 suna gargaɗin cewa magana na nuna inda mutum ya tashi da waɗanda ya yi cuɗanya da su, ba ta nuna fasfo. Wanda ya san yadda Hausar Maraɗi ke kusa da ta Katsina, ko ta Ƙonni da ta Illela, ya san iyakar ƙasa ba ta ratsa baki.

Wata sukar daga cikin gida ta fito. An ce Labov ya jera mutane a tsani bisa aiki da ilimi da kuɗin shiga, kamar lafazi tambari ne da matsayi ke buga wa mutum ba da saninsa ba. Lesley Milroy ta shiga unguwannin ma'aikata uku a Belfast a shekarun 1970, ta gano cewa mutum biyu masu hali ɗaya na iya bambanta ƙwarai, kuma wanda danginsa da maƙwabtansa da abokan aikinsa duk mutane ɗaya ne shi ya fi riƙe lafazin unguwa. Peter Trudgill a Norwich ya tarar maza suna iƙirarin maganarsu ta fi kaucewa daga daidaitacciya fiye da yadda take a zahiri, domin lafazin 'yan ƙwadago na da tasa daraja ta ɓoye, ta mazantaka da amana. Penelope Eckert, ɗalibar Labov ce, ta zauna a wata sakandare a gefen Detroit ta ga cewa rukunin abokan da yaro ya zaɓa ya fi aikin iyayensa bayyana wasulansa. Duk sun yi gaskiya, kuma tsanin Niyok ba zai hau kowace al'umma ba. Inda sarauta da malanta da shekaru ke ba da girma, ko inda mutum ke juya harshe uku a yini, sai an sake sassaƙa shi. Amma da kayan aikinsa suka gyara shi, da naɗar magana da ƙirge, kuma masuntan Chilmark sun riga sun nuna tun 1963 cewa mutum na faɗin ko shi wane ne da wasalinsa.

A 1971 ya koma Jami'ar Pennsylvania a Filadalfiya, inda ya ƙare aikinsa. A can ya bi unguwa-unguwa yana neman waɗanda ke jan ragamar sauyin sauti, ya tarar galibi mata ne daga tsakiyar tsanin, masu faɗa a ji a layinsu kuma masu hulɗa da waje. Wannan ya zo da ɗaure kai, domin matan ne kuma suka fi maza kiyaye furucin da aka san ana yabo. A 2006 shi da Sharon Ash da Charles Boberg suka fitar da taswirar lafuzzan Amurka ta Arewa, daga hirar waya da mutum 762. Ana ta cewa rediyo da talabijin za su mayar da kowa baki ɗaya, taswirar ta nuna akasin haka: a biranen da ke gefen manyan tafkuna, daga Buffalo zuwa Detroit da Shikago, wasula sun yi ta ture juna daga mazauninsu har baƙo kan ji “block” kamar “black”. Mutum daga bakin waɗanda yake gani kullum yake ɗaukar lafazi, akwatin da ke magana a ɗaki ba ya jiran amsa.

Wannan gaskiyar ce ta kai shi ga bincikensa mafi ɗaci. A shekarun 1980 ya ba da rahoton cewa maganar baƙaƙe da ta farare a Filadalfiya ƙara nisa suke yi da juna, saboda unguwanni da makarantu a rabe suke, yaran ba sa wasa tare. Ya shafe shekarunsa na baya yana tsara littattafan koyon karatu don yaran irin waɗannan makarantu, yana tura ɗaliban jami'a su zauna da su, bai kuma ɓoye cewa giɓin karatun bai rufe ba. Wani ɗalibinsa, John Baugh, ya riƙa buga wa masu ba da hayar gida waya a yankin San Francisco da lafazi uku daban-daban, kalmomin kusan ɗaya, sai ya zamana a unguwannin farare an fi kiran sa ya zo ya ga gida idan ya yi muryar farar fata. An buga wannan a 1999, shekara talatin bayan an tabbatar wa duniya cewa Ingilishin baƙaƙe na da nahawu cikakke.

Labov ya rasu a Filadalfiya ranar 17 ga Disamba 2024, yana da shekara 97. Yawon kantin nan nasa an sake yin sa tun yana raye. A 1986 Joy Fowler ta bi sawunsa da tambaya iri ɗaya, sai dai S. Klein ya riga ya rufe, ta musanya shi da wani kantin araha. A 2009 Patrick-André Mather ya sake zagayawa. Duk sau biyun an tarar r ta ƙaru a bakin ma'aikata, har na kantunan talakawa, amma jerin bai motsa ba: Saks a sama, Macy's a tsakiya, kantin araha a ƙasa.